Ambulan ɗin Goggo Haruko

Na sauka Largo, wata unguwa a jihar Maryland, a shekarar 2003 da akwati ɗaya, da takardar izinin zama da na samu ta ƙuri'ar da Amurka ke yi, da kuma gurbin karatun digiri na uku a fannin tattalin arziki a wata jami'a ta birnin Washington. Kafin nan na yi aikin binciken kuɗi a wata ma'aikatar jiha, inda aka san ni da hali guda: ba na karɓar magana sai da takarda. Na faɗi wannan tun farko domin mai karatu ya san cewa abin da ya same ni bai same ni don jahilci ba.

Mahaifina ya rasu ina jami'a. Inna ce ta rage mini, tana Dambatta tare da yayata Saude, wadda ta dawo gida bayan rasuwar mijinta. Inna ta daɗe tana fama da hawan jini, kuma wani likita ya taɓa jan hannuna gefe ya ce mini ƙodarta ba za ta ɗore a haka ba. Saboda haka na ɗora rayuwata a kan abu ɗaya: in yi karatu, in yi aiki, in tara abin da zai ishe ni komawa in tsaya a kanta ranar da ciwon ya tashi. Aure ma na jinkirta shi domin wannan.

Wanda ya tarbe ni shi ne Alhaji Mamuda, mutumin garinmu, abokin mahaifina tun suna samari. Ya daɗe a ƙasar, yana da kantin kayan abincin gida da kuma gidajen haya. Ya sauke ni a ɗakin ƙarƙashin ƙasa na ɗaya daga cikin gidajen, tare da wasu samari masu tuƙin tasi. Ranar da na fara kiran gida, Inna ba ta tambaye ni sanyi ko abinci ba. Cewa ta yi, "Nasiru, ka riƙe Alhaji tamkar ubanka. Baƙo ba shi da ido sai na maigidansa."

Na samu aikin karɓar kuɗi a wani wurin ajiye motoci, ina haɗawa da ɗan abin da jami'a ke ba ni na taimaka wa malamai duba takardun ɗalibai. Da wata ya ƙare Alhaji ya kira ni kantinsa. Yana zaune tsakanin buhunan gero da galan-galan na manja.

"Ɗan Malam, abin da ya yi saura a albashinka, ina kake zuba shi?"

"A banki, Baba."

Ya ajiye carbinsa, ya dube ni kamar na ce masa na bar salla. "Bankin nan da ke juya kuɗin mutane da ruwa? Ubanka da bai taɓa cin sisin riba ba, a ce ɗansa ne zai fara? Kawo nan. Duk yaran nan ni nake riƙe musu. Tun kakanninmu na fataucin goro a Gwanja, baƙo ba ya kwana da kuɗinsa, maigida yake ba wa. Ranar da ka tashi ka ce, Alhaji ajiyata, kafin ka rufe baki tana hannunka."

Na so in ce ya ba ni rasit. Kalmar ta zo bakina ta koma. Wanda bai tashi a cikinmu ba zai yi wuya ya gane nauyin wannan: ka dubi sa'an mahaifinka, wanda kake kwana a cikin gidansa, ka ce ya sa maka hannu a takarda, daidai yake da ka kira shi ɓarawo a gaban 'ya'yansa. Na miƙa masa da hannu biyu. Na koma ɗaki na rubuta a littafina, kamar yadda na ci gaba da yi duk wata, amma rubutun nawa ne ni kaɗai. Abin da ya ƙara kwantar mini da hankali shi ne, ta hannunsa nake aika wa Inna kuɗin magani, ƙanensa da ke kasuwa a Kano yana kai mata naira har gida, kuma ba a taɓa yin latti ba.

Mutum ɗaya ne bai yaba ba. Sunansa Ishaya, ɗan Kafanchan, ma'aikacin jinya a wani asibiti a Largo. A tashar bas muka saba, domin lokacin jirgin ƙasa bai riga ya iso unguwar ba. Da na ba shi labari sai ya yi dariya har ya riƙe ciki.

"Kai Malam Nasiru! Da rana kana karanta kuɗin duniya, da yamma kana kai naka wurin asusu mai hula da carbi?"

"Amana ce, Ishaya. Kai ba ka san ta ba ne?"

"Na san ta, a cocinmu ma akwai masu riƙe ta. Amma asusun ƙasa ai fasa shi ake yi kafin a ga kuɗi. Shi Alhaji da me za ka fasa shi?"

Na ce masa ya ji tsoron Allah, muka shiga bas.

A jami'a kuwa, farfesan da ke duba aikina ya ba ni tambayar da zan rubuta kundina a kanta: me ya sa iyalan Japan, a shekarun da suka biyo bayan yaƙi, suka riƙa ajiye kaso mai yawa na abin da suke samu, fiye da takwarorinsu na ƙasashen da suka fi su arziki? Littattafai suna da amsoshi. Fansho a lokacin bai taka kara ya karya ba, don haka kowa ya san tsufansa a wuyansa yake. Bankuna kamfanoni suke ba rance, ba magidanta ba, saboda haka mai son gida ko injin wanki sai ya tara. Filaye suna da tsadar da sai an yi shekaru ana tari kafin a kai ga kafin alƙalami. Kamfanoni suna ba ma'aikata ihisani mai tsoka sau biyu a shekara, da bazara da hunturu, kuma kuɗin da ya zo a dunƙule ya fi saurin shiga ajiya a kan wanda ya zo a warwatse. Gidan waya, wanda babu ƙauyen da ba shi, yana karɓar ajiyar talaka, gwamnati kuma ta sassauta haraji a kanta. Ga shi mafi yawan jama'ar matasa ne masu aiki, kuma mai aiki ne ke tari, tsoho cin abin da ya tara yake yi. Wannan ne ma ya sa a lokacin da nake karatun ajiyar tasu ta riga ta fara raguwa, domin ƙasar ta tsufa. Na haddace duk wannan, na iya zana shi a allo, amma ban taɓa magana da mutumin Japan ko ɗaya ba.

A shekarata ta biyu danshin ɗakin ƙasa ya sa mini tari, ga nisa da makaranta, sai na fara neman ɗaki a Takoma Park. A nan na ga abin da har yau yake ɓata mini rai. Duk ofishin haya da na shiga sai a buga sunana a kwamfuta, a ɗago kai a ce ba ni da tarihin bashi. Na yi wa wata mata bayani cewa ban taɓa cin bashin kowa ba a rayuwata, ina tsammanin yabo. Ta ce ai matsalar ke nan. Na fito ina mamakin ƙasar da marar bashi shi ne abin zargi.

A allon sanarwa na wani kanti na ga tallan ɗaki da rubutun hannu. Mai gidan tsohuwa ce 'yar Japan, gajeriya, mai furfura fari fat, sunanta Haruko. Ta zo Amurka tun tana matashiya, bayan ta auri wani sojan Amurka da ya yi aiki a ƙasarsu. Mijin ya rasu, ɗansu tilo yana can wata jiha a yammacin ƙasar. Ta sa na cire takalmi a bakin ƙofa, abin da ya fara sa na ji kamar na shiga gidan mutane. Don kada in ɓata mata lokaci na gaya mata gaskiya, cewa ba ni da tarihin bashi.

"Ba ka taɓa cin bashi ba?"

"Ban taɓa ba."

"Ko katin nan da ake saye da shi a biya daga baya?"

"Ba ni da shi."

Ta dube ni, sannan ta ce, "Je ka kawo akwatinka."

Ban iya kiran sa'ar mahaifiyata da sunanta tsirara ba, sai na riƙa ce mata Goggo. Da na fassara mata kalmar ta ji daɗi. Ita kuma takan liƙa "san" a bayan sunana, wanda girmamawa ce a wurinsu, ta ce Nasiru-san. A makon farko ta sayo sabuwar tukunya ta ɗaura mata jan zare a hannu, ta ce wannan tawa ce, naman alade ba zai taɓa shiga cikinta ba.

Abin da nake karantawa a littafi sai na tarar da shi yana yawo a madafa. Goggo tana wanke ledar burodi ta shanya. Ruwan da ta wanke shinkafa shi take ba shukokinta. Farkon wata takan zauna a tebur ta raba fanshon mijinta cikin ambulan-ambulan, na abinci daban, na wuta daban, na likita daban, kuma ambulan ɗin ajiya shi take fara cikawa kafin na abinci. Ta ce a ƙasarsu miji kan kawo albashinsa dungurungum ya miƙa wa matarsa, ita ce za ta ba shi kuɗin kashewa.

Na ce, "Goggo, a garinmu in miji ya yi haka, kafin la'asar an sa masa waƙa."

Ta yi dariya tana rufe baki. "To ku wa ke riƙe kuɗin?"

"Miji yana cefane, mace tana da nata. Tana adashi da maƙwabta, kowa ya zuba, ɗaya ta kwashe, har ya zagayo."

Ta ajiye ambulan ɗin hannunta. Ta ce mahaifiyarta ma sun yi irinsa a ƙauyensu, ta faɗi sunansa da harshensu. Ranar mun daɗe muna hira, har na karanta mata jerin dalilan da ke cikin kundina. Ta saurara har ƙarshe, ta ce duk gaskiya ne. Sannan ta ba ni labarin mahaifiyarta, wadda ta yi shekaru tana kai kuɗi gidan waya, aka yi yaƙi aka gama, farashi ya haukace, abin da ta tara ya koma bai fi kuɗin 'yan mudun shinkafa ba.

Na ce, "To daga nan ta daina ke nan."

"Da ta samu aikin ɗinki, kuɗin farko da aka biya ta ta raba shi, ta kai rabi gidan waya."

"Bayan abin da aka yi mata?"

"Nasiru-san, ba don muna da yawa muke ajiya ba. Mun ga ranar da kowa ya rasa, babu mai zuwa ya taimaki wani. Kuma a wurinmu babu abin kunya kamar ka zama nauyi a kan mutum. Ni ma abin da nake tarawa ke nan, kada ɗana ya ɗauke ni."

Na ce mata mu akasin haka ne, ajiyarmu a jikin mutane take. Ka yi wa wani biki, ka kai gudunmawa, ka riƙe ɗan wani, ranar da ta same ka sai su fito. Na ba ta misali da Alhaji, cikin alfahari. Ta tambaye ni ko ya ba ni takarda. Na ce a'a. Sai ta ƙara mini shayi.

Haka shekaru suka wuce. Ban je gida ba, domin duk lokacin da na tayar da maganar Inna takan ce in zauna in gama, in zo gaba ɗaya, kuɗin jirgi ba wasa ba ne. A wannan tsakanin kowa a yankin ya haukace da sayen gida. Mai tasi yana da gida, mai gadi yana da biyu, banki yana bin mutane da rance har ƙofa. Alhaji ya tashi daga Largo ya koma wani katafaren gida a Bowie. Duk wata ina shiga jirgin ƙasa in kai masa ajiyata, ya karɓa ya sa mini albarka.

A ƙarshen shekarar 2008 Yaya Saude ta kira ni. Ƙodar Inna ta tsaya. An kai ta Kano, likitoci sun ce sai an riƙa yi mata wankin ƙoda a kai a kai, kuma kowane zama da kuɗinsa. Ban firgita ba, domin ranar da na yi shekaru ina shiryawa ce ta zo. Na roƙi Ishaya ya kai ni Bowie a motarsa, ya tsaya a waje, na shiga. Bayan gaisuwa na ce, "Baba, na tashi. Ajiyata."

Alhaji ya yi salati, ya yi wa Inna addu'a mai tsawo. Sannan ya ce, "Kuɗinka suna nan, ɗan Malam. Ba ni mako ɗaya."

Mako ya wuce, wani ya bi shi. Sai na fara jin labari daga samarin tasi: kuɗinmu duka ya zuba su kafin alƙalamin gidaje, sauran kuma ya ciwo rancen banki. Da ruwa. Mutumin da ya hana mu kai kuɗinmu banki don gudun riba, shi ne ya ɗauki guminmu ya kai wa bankin ya ɗora riba a kai. Farashin gidaje ya faɗi, 'yan haya sun rasa aiki, bankuna sun fara ƙwace gidajen ɗaya bayan ɗaya.

Aka tara dattawa a falonsa na Bowie. Na kawo littafina na buɗe, Alhaji bai musa ko layi ɗaya ba. Ya ce shi alheri ya nufe mu da shi, ya so ya juya mana ne. Na ce, "Baba, ajiya na ba ka ko jari? In jari ne, yaushe ka nemi izinina? In da an ci riba, da wa za a raba?"

Wani dattijo likita ya ɗaga mini hannu. "Malam Nasiru, sassauta murya, ubanka ne. Ƙaddara ce ta faɗa wa ƙasar gaba ɗaya, har Turawan ma kuka suke yi."

"Ranka ya daɗe, mahaifiyata tana kan gadon asibiti."

"Allah ya ba ta lafiya. Amma dai kada mu ji maganar nan a kotu. Ba ma tona wa junanmu asiri a ƙasar mutane."

Aka shafa fatiha, aka kawo shinkafa da kaji. Ban ci ba. Na je wurin wani lauya duk da haka, ya juya littafin nawa, ya yaba kyan rubutun, ya tambaye ni ina sa hannun ɗaya ɓangaren. Ya ce ko da an yi shari'a, bankuna ne a gaban layi, kuma za a daɗe. Daga nan na yi abin da ban taɓa zaton zan yi ba: na shiga banki na nemi rance, da ruwansa da komai. Matashin da ke kan tebur ya buga sunana, ya ɗago kai cikin ladabi ya ce ba ni da tarihin bashi.

Ishaya ya ba ni abin da yake da shi ba tare da na roƙa ba, kuma bai tuna mini da maganar fasa asusu ba, ko sau ɗaya. Sauran 'yan'uwa da zan iya nema duk ajiyarsu tana inda tawa take. Abin da ke shigo mini ya zama ba zai ɗauki abu biyu ba: ko kuɗin jirgi, ko kuɗin wankin ƙoda. In na tafi, wankin ya tsaya, aikin da ke biyansa ma ya tsaya. In na zauna, tana da rai amma ba na ganinta. Alhaji kuma kullum yana cewa akwai gida ɗaya da ake ciniki, mako mai zuwa.

Wata ranar Lahadi Yaya Saude ta sa mini Inna a waya. Muryarta ta yi ƙasa ƙwarai.

"Nasiru, ka bar kuɗin injin nan. Ka zo in gan ka."

"Inna, ki ƙara haƙuri kaɗan. Alhaji ya ce an kusa. Zan zo, kuma ba za a fasa wankin ba."

Ta ce, "To. Ka gaishe shi. Kada ka yi masa rashin kunya."

A duk wannan lokacin ban gaya wa Goggo komai ba. Ta ga na rame, ta ga tukunyata mai jan zare ta daina hawa wuta. Sai in dawo in tarar da kwanon shinkafa da kifi a rufe a bakin ƙofata. Ba ta tambaya ba, ni kuma ban faɗa ba.

Inna ta rasu a farkon shekarar 2009, da hantsin wata Talata. Kafin rana ta fito a Maryland an riga an kai ta makwancinta. Yaya Saude ta ce jama'ar da suka yi mata salla sun cika filin unguwa har sun fita titi: matan adashinta, yaran da ta riƙa, mutanen da ta yi shekaru tana kai wa gudunmawa. Kowa ya zo sai ɗanta.

Da na gaya wa Goggo, ta sunkuya har ƙasa, ta daɗe a haka. Sannan ta buɗe mini falonta don karɓar ta'aziyya, ta ture kujeru da kanta, ta jera takalman baƙi a bakin ƙofa. A rana ta uku Alhaji ya zo da tawagarsa. Ya yi addu'a har da hawaye, kuma ban ce hawayen na ƙarya ba ne. Da zai tashi ya zaro sababbin takardun dala, masu ƙamshin banki, ya ɗaga yadda kowa zai gani, ya ce ga sadaka a yi wa Hajiya.

Na ce, "Baba, a ina zan rubuta wannan? A cikin ajiyata, ko a cikin sadaka?"

Dattijon likitan nan ya ce, "Haba Nasiru." Na ce tambaya ce kawai, domin ba a yi wa mamaci sadaka da kuɗin ɗansa sannan a karɓi godiya. Alhaji ya ajiye kuɗin a kan darduma ya fita. Na tuna maganar Inna ta ƙarshe, amma har yau ban ga inda na yi rashin kunya ba. Na rubuta su a cikin ajiya, kuma su ne kaɗai abin da ya taɓa dawo mini.

Bayan kowa ya watse da la'asar, Goggo ta sauko sanye da baƙaƙen kaya. Ta durƙusa a gabana, ta tura mini wani farin ambulan da hannu biyu, ɗaure da zare baƙi da fari. Ta ce al'adarsu ce, ana kai wa wanda aka yi wa rasuwa, kuma ba a mayarwa. Da na buɗe daga baya na ga kuɗin da ya isa jirgi har da saura. Amma duk takardun tsofaffi ne, sun yi laushi, wasu sun lanƙwashe a kusurwa. Na zaci abin da ta tsinta a ambulan-ambulan ɗinta ne, na je in ce mata kada ta takura kanta.

Ta ce, "A'a. Zaɓarsu na yi ɗaya bayan ɗaya. Ba a kai sabon kuɗi gidan mutuwa. Sabon kuɗi yana nuna ka riga ka shirya, kana jiran mutumin ya mutu. Tsoho yana cewa labarin ya zo mini ba zato, na kawo abin da ke hannuna."

Sannan ta ce, "Nasiru-san, me ya sa ba ka gaya mini ba tun tana da rai? Kuɗin nan suna nan tun lokacin."

"Goggo, ke kika ce babu abin kunya kamar mutum ya zama nauyi. Kuma na san don me kike tara su."

Ta dubi hannayenta. "Ni kuma na ga kana cikin wani hali, amma a wurinmu ba a tambayar mutum abin da bai faɗa ba. Na yi ta jira ka faɗa."

Bene ɗaya ne tsakanin ɗakina da nata.

Da kuɗin ambulan ɗin na je Dambatta. Yaya Saude ta sa aka raka ni maƙabarta, aka nuna mini tudun ƙasa da fasasshiyar tukunya a kansa. Na yi addu'a, na gaya mata na zo. Na dawo na ƙarasa kundina, na samu aikin koyarwa. Farfesa ya yaba babin da na yi a kan tsoron tsufa da ajiyar iyali, ya tambaye ni daga wane littafi na samo shi. Ban bar gidan Goggo ba ko da na samu halin kama nawa. Alhaji ya koma garinmu bayan an ƙwace gidansa na Bowie, na ji ana sa shi a sahun gaba a wurin taro.

Goggo ta rasu bayan wasu shekaru, a asibitin da Ishaya ke aiki. Ta riga ta biya kuɗin asibitinta da na jana'izarta tun tana da lafiya, har furannin da za a sa ta zaɓa. Ba ta zama nauyi a kan kowa ba, kamar yadda ta so. A ɗakin da aka yi taron bankwana da ita ba mu cika layin kujeru na gaba ba: ɗanta da ya iso a daren da ya gabata, da wata maƙwabciya, da Ishaya cikin kayan aiki, da ni.

Kafin in tafi wurin na bi kantunan Takoma Park ina canjin kuɗi, ina roƙon masu kanti su ba ni takardun da suka fi tsufa a cikin akwatinsu. Wani ya ɗauka zolaya nake yi. Farin ambulan ɗinta yana wurina da zarensa, na sa su a ciki, na miƙa wa ɗanta da hannu biyu. Mutum ne mai kirki, ya fara furfura, ba ya jin harshen mahaifiyarsa. Ya buɗe a gabana, ya duba, ya ce ba sai na yi haka ba, an riga an biya komai. Sannan ya shafa ɗaya daga cikin takardun ya ce, "Me ya sa duk suka tsufa haka?"

Na ce masa ya zauna. Na ja kujera kusa da shi, na fara gaya masa abin da mahaifiyarsa ta gaya mini.